Gwani a Fada: Rilwanu Lukman da Sha'anin Man Fetur, 1984 zuwa 2010

Wanda ya san Gagarawa ya san tashar jirginta. Tun sa'ad da aka kai hanyar jirgi daga Kano zuwa Nguru cikin 1930, nan ne ɗaya daga ƙofofin da gyaɗar ƙasar Gumel ke fita. A wancan zamani manomi yana iya nuna abin da ke riƙe da gwamnati da yatsansa, gama buhuna ne a jibge gabansa. Amma aka sami man fetur a Oloibiri cikin 1956, aka fara fitar da shi cikin 1958, kafin tsakiyar shekarun 1970 ya danne gyaɗa da auduga da kuza. Daga nan albashin malamin makaranta a Gagarawa, ko Maigatari, ko Sule Tankarkar, ya rataya ga kason da ake rabowa daga asusun Tarayya, shi kuwa asusun nan yana cika yana ragewa bisa ga kuɗin gangar mai. Saboda haka ya kamata mu san irin mutanen da aka danƙa wa sha'anin nan. A wannan takarda za mu ɗauki guda ɗaya, watau Dokta Rilwanu Lukman, Bazazzagi.

Kafin mu shiga labarinsa, sai mu dubi wata kalma. Hausawa sun bambanta gwani da mai mulki. Gwani shi ne wanda ya kai matuƙa cikin sana'arsa, har fada ta bukace shi. Misali shi ne Babban Gwani, wanda ya gina Masallacin Juma'a na Zariya zamanin Sarki Abdulkarimu. Sarki ya kira shi, ya girmama shi, amma ba shi ne ke yanke shawarar inda dukiyar ƙasa za ta tafi ba. Abin da muke so mu nuna shi ne, tarihin Lukman tarihin gwani ne a fadar zamani, ya kuwa bayyana ƙarfin matsayin nan da iyakarsa.

An haife shi a Zariya ran 26 ga Agusta 1938. Ya yi karatu a Zariya, sa'an nan ya tafi Kwalejin Imperial ta Landan, ya koyi aikin injiniyan haƙar ma'adinai daga 1959 zuwa 1962. Daga baya ya ƙaro ilmi a Leoben ta ƙasar Ostiriya, da Jami'ar McGill ta Kanada. Ya fara aiki a Suwidin, ya komo Jos cikin 1964 ya zama sufeton ma'adinai. Cikin 1970 aka ba shi manajan kamfanin siminti na Sakkwato, bayan wannan ya shugabanci Hukumar Ma'adinai ta Nijeriya a Jos. Ashe dai ba ta ƙofar siyasa ya shigo ba, ta ƙofar masana'anta ya shigo. Cikin 1984 gwamnatin Janar Buhari ta naɗa shi Ministan Ma'adinai da Lantarki da Ƙarafa, cikin 1986 kuma Janar Babangida ya mai da shi Ministan Man Fetur.

Ya karɓi aikin a mummunan lokaci. Saudiyya ta gaji da rage haƙo manta don ta tallafi kasuwa alhali waɗansu suna ƙetare kasonsu, sai ta buɗe famfo. Gangar da ake saye wajen dala 27 cikin 1985 ta faɗo ƙasa da dala 10 a tsakiyar 1986. Cikin shekarar nan ne Ƙungiyar Ƙasashe Masu Sayar da Man Fetur, watau OPEC, wadda Nijeriya ta shiga cikin 1971, ta zaɓe shi shugaban taronta, ta yi ta sake zaɓensa har 1989. Wuyar aikin ita ce, biyu daga cikin wakilan, Iran da Iraƙi, suna yaƙi da juna tun 1980, Iraƙi kuwa ta ce ba ta yarda da kason da ya gaza na Iran ba. Cikin Disamba 1986 aka shirya a kan dala 18 kowace ganga. Cikin Nuwamba 1988, bayan an tsai da yaƙin, aka daidaita kason ƙasashen biyu, Iraƙi ta komo cikin yarjejeniya.

Me ya sa ya ci nasara a nan? A ganinmu dalili biyu ne. Na fari, shi ba Balarabe ba ne, ba kuma Bafarishe ba, saboda haka kowane ɓangare yana iya saurarensa. Na biyu, a zauren OPEC ba wanda ke iya tilasta wa wani. Inda duk ba mai iko bisa ɗan'uwansa, haƙuri da sanin lissafi su ne makamai, waɗannan kuwa kayan gwani ne. Bayan ya riƙe Ministan Harkokin Waje na 'yan watanni cikin 1990, ƙungiyar ta ɗauke shi Babban Sakatare daga 1995 zuwa 2000. Ba za a ce zamanin nan ba kuskure ba. A taron Jakarta na Nuwamba 1997 aka ƙara yawan man da ake haƙowa daidai lokacin da tattalin arzikin Asiya ke durƙushewa, ganga ta sake faɗowa wajen dala 10 a ƙarshen 1998. Sai da aka rage haƙo cikin Maris 1999 kasuwa ta farfaɗo.

To, sai mu juyo gida, inda labarin ya sha bamban. Zamanin ministancinsa na fari, cikin 1988, aka sake fasalin kamfanin mai na ƙasa, NNPC, aka raba shi rassa don ya yi aiki kamar ɗan kasuwa. Cikin 1989 aka kafa kamfanin sarrafa iskar gas, NLNG, wanda ya fara fitar da kaya daga Bonny cikin 1999. Na biyun ya ɗore, gama an gina shi bisa tsarin hannun jari tare da kamfanonin waje. Na farin kuwa bai warkar da ciwon ba, don NNPC ta ci gaba da zama ɗan kasuwa, kuma mai tsaron kasuwa, kuma aljihun gwamnati. Cikin 1999 Shugaba Obasanjo ya ɗauke shi mai ba da shawara, amma ya riƙe ma'aikatar man a hannunsa. Lukman ya bar aikin cikin 2003.

Daga nan ya koma kasuwa, ya shugabanci Afren, wani kamfanin haƙar mai da aka sa hannun jarinsa a kasuwar Landan cikin 2005. Cikin Disamba 2008 Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa ya komo da shi Ministan Man Fetur, yana da shekara 70. Wannan hanya ta fitowa daga kamfani zuwa gwamnati ba shi kaɗai ya bi ta ba. Diezani Alison-Madueke daga Shell ta fito cikin 2007, Ibe Kachikwu kuma daga ExxonMobil cikin 2015. Amfaninta a fili yake, gama wanda ya san cikin kamfani ba a ruɗinsa da lissafi. Haɗarinta ma a fili yake, don jama'a na da hakkin su tambaya ko wanda ya ci abinci da kamfanoni jiya zai iya matsa musu yau.

Babban aikin da ya komo dominsa shi ne dokar gyaran sha'anin mai, wadda kwamitin da ya shugabanta ya tsara, aka miƙa wa Majalisar Tarayya cikin 2008. Manufarta a raba mai ciniki da mai sa ido, a kuma sake tsarin haraji. Kamfanonin waje suka ce harajin ya yi nauyi. Wakilan Arewa da na Neja Delta suka saɓa a kan rabon da za a keɓe wa garuruwan da ake haƙo mai. Ana cikin haka Shugaba 'Yar'aduwa ya kwanta ciwo cikin Nuwamba 2009, cikin Maris 2010 Goodluck Jonathan, yana riƙon ƙwarya, ya rushe majalisar ministoci. Lukman ya rasu a Biyana, mazaunin OPEC, ran 21 ga Yuli 2014. Dokar ba ta sami sa hannu ba sai ran 16 ga Agusta 2021, bayan an sāke ta sau da yawa.

Abin lura a nan shi ne, duk muƙaman da ya riƙe a gida naɗi ne. Ba shi da rundunar magoya baya a Majalisa, ƙarfinsa aron wanda ya naɗa shi ne, ran da mai naɗin ya kau, aikin ya tsaya. Tambayar wa zai sami nawa ba ta lissafi ba ce, ta mulki ce, hannu ɗaya kuwa ba ya ɗaukar jinka. Malamin da ke koyar da tarihin zamani a Gagarawa zai yi wa almajiransa alheri in ya nuna musu bambancin nan, domin su san abin da za su nema wajen gwani, da abin da ba mai iya yi musu sai wakilan da suka zaɓa.