FADA DA TSANGAYA: ZIYARAR YINI GUDA A TARIHIN KATSINA LAKA

Gabatarwa

Al'ada ce sananniya a makarantu da ma'aikatu a keɓe rana guda, a ɗauki ɗalibai ko ma'aikata cikin mota tare da ja-gora, a kai su wuraren tarihi, su komo gida kafin dare ya yi nisa. Wanda ya tashi daga Funtuwa da sassafe, ya bi ta Bakori da Malumfashi, tafiyar kimanin kilomita 200 ke gabansa kafin ya tsaya a ƙofar Gidan Korau a birnin Katsina. Abin da aka saba yi shi ne a ratsa dukan ƙasar da ke tsakani ba tare da an tsaya ba, sai ka ce tarihi bai fara ba sai an hango ganuwar birni. Maƙasudin wannan lacca shi ne a bi hanyar nan zango-zango, a duba abin da ido ke iya gani, sa'an nan a binciki dalilin da ya sa babban ɓangare na tarihin yankin ba ya cikin abin da ake nuna wa mai ziyara.

Misali Daga Habasha

Kafin a kama hanya, yana da amfani a leƙa wata ƙasa ta Afirka inda irin wannan ziyara ta daɗe da kafuwa. A birnin Gondar na Habasha, wanda Sarki Fasiladas ya mayar da shi mazaunin mulki a shekarar 1636, baƙo yana iya zagaya fadodin sarakuna da aka gina da dutse, ya kuma shiga tsofaffin majami'u, duk a yini guda. Kudu da birnin akwai Tafkin Tana, wanda a tsibiransa da gaɓarsa akwai gidajen ruhubanawa na ɗariƙar Otodoks, watau mutanen da suka ƙaurace wa duniya domin ibada da karatu. A gidajen nan aka adana littattafan da aka rubuta da hannu a kan fata cikin harshen Gi'iz, wasunsu ɗaruruwan shekaru. An sha ƙone Gondar, har da harin sojojin Mahadi na Sudan a 1888, amma yawancin abin da ke tsibiran ya tsira, domin ruwa ya zame masa ganuwa. A shekarar 1979 hukumar UNESCO ta sa fadodin Gondar cikin jerin kayan tarihi na duniya.

Abin lura a nan shi ne mai ziyara yana ganin abu biyu kafaɗa da kafaɗa, gidan mulki da gidan ilmi, yana kuwa jin labarin ƙasa daga bakin kowannensu. Ƙasar Katsina ma ta mallaki waɗannan biyun, kuma a zamani guda. Shekarar da Fasiladas ya rasu, watau 1667, ita ce shekarar da Wali Ɗanmasani ya rasu a birnin Katsina. Musulunci dai bai san ruhubananci ba, malaman ƙasar Hausa masu iyali ne, masu noma da fatauci. Amma ta fuskar adana littattafai, da horar da almajirai, da faɗa wa sarki gaskiya, unguwannin malamai da tsangayunsu sun yi aikin da ya yi kama da na waɗancan gidaje. Bambancin shi ne a Habasha an yi gini da dutse, a nan kuwa da ƙasa da kara, waɗanda damina ke ci idan babu mai yaɓe.

Zango Na Farko: Funtuwa Da Maska

Katsina Laka shi ne sunan da aka san kudancin ƙasar Katsina da shi, saboda baƙar ƙasa mai danƙo wadda ke riƙe ruwa, ga kuma damina mai tsawo fiye da ta arewa. Ƙasar dawa ce da auduga tun fil azal, inda auduga take kuwa, nan ake samun kaɗi da saƙa da rini. Tun kafin jihadi akwai manyan garuruwa masu sarautunsu a wannan yanki, irin su Maska da Gozaki, waɗanda sarakunan birnin Katsina suka jawo ƙarƙashin ikonsu sannu a hankali. Marigayi Dokta Yusufu Bala Usman ya yi bayanin wannan dalla-dalla a littafinsa kan sauye-sauyen ƙasar Katsina daga 1400 zuwa 1883, wanda aka buga a Zariya a 1981.

Mai ziyara da ya tsaya a Funtuwa zai ga tashar jirgin ƙasa, da kasuwa, da masana'antar gurzar auduga, yana iya zaton a nan tarihin yankin ya soma. Gaskiyar magana ita ce bunƙasar Funtuwa ta zamanin Turawa ce. Kamfanin BCGA, wanda masu masaƙun Ingila suka kafa a 1902 domin neman auduga mai araha, shi ya kafa injinan gurza a wannan yanki, aka kuma shimfiɗa hanyar jirgi daga Zariya ta bi ta Funtuwa da Gusau, ta isa Ƙauran Namoda a 1929. Daga nan ciniki ya bar tsofaffin hanyoyin fatake ya koma bakin dogo, mulki kuma ya bi ciniki. Shaidar wannan ƙaura tana nan a cikin sunan sarautar kanta, domin hakimin Funtuwa, Sarkin Maska ake kiransa, alhali Maska ɗin tana can kudu da garin, motocin masu ziyara ba su cika ratsa ta ba. Ja-gora mai basira zai fara ziyara da wannan tambaya: me ya sa sarki ke zaune a wani gari, yana amsa sunan wani?

Zango Na Biyu: Gozaki Da Malumfashi

Abin da ya faru tsakanin Maska da Funtuwa ya yi kama da abin da ya faru tsakanin Gozaki da Malumfashi. Gozaki, wadda ke cikin Ƙaramar Hukumar Ƙafur, tsohon gari ne da ake jin sunansa a tarihin Katsina tun kafin ƙarni na 19. Malumfashi kuwa ita ce mazaunin Galadiman Katsina, ɗaya daga cikin masu zaɓen sarki tare da Ƙaura da 'Yanɗaka da Durɓi. Bayan da Turawa suka ci Katsina a 1903, sun yanka ƙasa gunduma-gunduma, suka wajabta wa kowane hakimi zama a gundumarsa domin tattara haraji da jangali. Garin da ya sami gidan hakimi, shi ya sami kotun alƙali, da makarantar elemantare, da ɗakin shan magani, da hanyar mota. Wanda bai samu ba, sai ganuwarsa ta zube, a mayar da cikinta gonaki.

Saboda haka gidan hakimi da ake nuna wa baƙo a irin waɗannan garuruwa yana da tarihi na haƙiƙa, amma sau da yawa tarihin tsarin En'e ne. Tarihin da ya girme shi yana cikin kufai, da tsofaffin rijiyoyin marina, da kukoki da ke nuna inda gari ya taɓa zama, da kuma bakin dattawa, Musulmi da Kirista da Maguzawan karkarar Malumfashi, waɗanda kowannensu ke riƙe da wani yanki na labarin.

Zango Na Uku: Birnin Katsina

Da la'asar sakaliya mai ziyara kan isa birni, inda akwai abin kallo a tsaye. Na farko shi ne Gidan Korau, fadar Sarkin Katsina, wadda ke ɗauke da sunan Muhammadu Korau. Masana sun saɓa a kan zamaninsa, wasu sun sa shi a ƙarni na 14, wasu a tsakiyar na 15, amma an haɗu a kan cewa da shi ne sarautar birni ta kafu, Musulunci kuma ya shiga fada. Gidan nan ya ga daula uku: ta zuriyar Korau har zuwa wajen 1807, lokacin da masu jihadi suka ci birni, waɗanda aka kora suka je suka kafa Maraɗi, ta Dallazawa, daga Malam Ummarun Dallaje zuwa 1906, da ta Sulluɓawa, wadda ta fara da Sarki Muhammadu Dikko. Dalilin da ya sa gidan bai zama kufai ba shi ne kowace daula ta gaje shi, ta ci gaba da gyara.

Na biyu shi ne Hasumiyar Gobarau, mai tsawon kimanin ƙafa 50, watau mita 15, wadda ita ce abin da ya rage na babban masallaci da makaranta, an kuwa sha yi mata gyara. Tana tuna wa mutum zamanin da Shaihu Magili ya zo ƙasar Hausa a shekarun 1490, da zamanin da Imamu Suyuɗi ya rubuto wa Sarkin Katsina Ibrahim Sura wasiƙar nasiha daga Masar. Kusa da nan akwai hubbaren Wali Ɗanmarna da unguwar Masanawa. Daga wannan ƙasa ne Malam Muhammadu Alkatsinawi, masanin hisabi, ya fita har ya koyar a Alƙahira, ya rasu a can wajen 1741. Da Bature mai yawon bincike, Heinrich Barth, ya zo a 1851, ya ƙiyasta kewayen ganuwar birnin ya kai mil 13 zuwa 14, amma mazaunansa ba su wuce 8,000 ba, saboda yaƙe-yaƙen da suka kori ciniki zuwa Kano. Ke nan ko birnin ma, abin da ake gani guntu ne na abin da aka yi.

Zangon Da Ba A Zuwa: 'Yandoto

Akwai wuri guda wanda ya fi kowane kama da gidajen ilmin Tafkin Tana, amma ba ya cikin tsarin ziyara. 'Yandoto tana kusa da Tsafe, a kan hanyar Funtuwa zuwa Gusau. A da cikin ƙasar Katsina take, yanzu kuwa tana Jihar Zamfara. Gari ne na malamai wanda almajirai ke nufa daga nesa, labarin gargajiya kuma ya ce daga can Korau kansa ya fito, ya ka da Sanau a kokawa, ya karɓi sarauta. Idan haka ne, to asalin fadar birni yana komawa ga garin malamai na kudu maso yamma.

Da jihadi ya tashi, malaman 'Yandoto sun rabu, wasu suka bi Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, wasu suka ƙi. Wajen ƙarshen 1805 zuwa farkon 1806 Muhammadu Bello ya sauka kusa da garin, ya nemi a zauna a yi muƙabala, aka ƙi, ya ci garin da yaƙi, malamai suka watse. Daga baya Shehu Alkanemi na Barno ya zargi masu jihadi da wulaƙanta littattafai, Bello ya mayar masa da amsa a cikin Infaƙul Maisuri, wanda ya rubuta a 1812, inda ya nuna ɓacin ransa a kan takardun da ya ga iska tana kwasa bayan wani yaƙi, ya ce shi da kansa ya yi ta tsince su. Wasu masana tarihi sun danganta wannan da 'Yandoto. Abin da ya kamata ɗalibi ya lura da shi shi ne, labarin da aka fi sani na wannan rikici ya fito ne daga alƙalamin ɓangare guda, domin hujjojin ɗaya ɓangaren sun tafi tare da takardunsu. Daɗin daɗawa, rashin tsaron da ya addabi dazuzzukan iyakar Katsina da Zamfara tun shekarun 2010, wanda ya kai ga sace ɗalibai fiye da 300 a Ƙanƙara a Disamba 2020, ya ƙara nisanta irin waɗannan wurare daga ɗalibai da masu bincike.

Kammalawa

Rashin gini a sarari ba ya nufin rashin tarihi a ƙasa. A Durɓi ta Kusheyi, kusa da Mani, tuddan ƙasa ne kawai ake gani, amma da aka haƙa su a 1907, aka sake haƙawa a 1992, an sami kaburburan manya da kayan tagulla da wuri da hauren giwa, waɗanda suka tabbatar da cinikin nesa ɗaruruwan shekaru da suka wuce. Ba abin da zai hana kufan Katsina Laka su ba da irin wannan shaida, in dai garma da masu haƙar ƙasar gini ba su riga masu bincike isa ba.

Dokar kare kayan tarihi ta kasance tun 1953, an kuma kafa hukumar gidajen tarihi ta ƙasa a 1979, amma doka ba ta kare abin da ba a san da shi ba. Aiki na farko yana hannun waɗanda ke kusa. Ma'aikacin ƙaramar hukuma yana iya sa a auna kufai da ragowar ganuwa, a shigar da su cikin taswira kafin a raba filaye. Ɗalibi yana iya zama da dattawan garinsu ya rubuta jerin sarakuna da limamai da sunayen unguwanni, ya kuma nemi izinin magada a ɗauki hoton littattafan da ke cikin gafaka kafin gara ta cinye su. Mai tsara ziyara kuma, maimakon ya yi gudu zuwa birni, sai ya ware hantsi ga Maska ko Gozaki. Wanda ya tsaya a kufai da safe, idan ya isa ƙofar Gidan Korau da yamma, zai fahimci cewa dawa da audugar Katsina Laka, da karatun tsangayunta, suna cikin abin da ya ɗaga wannan soro.