Kiɗa, Taurari da Ruwa a Tarihin Manoman Kura da Bunkure

Gabatarwa

Girkawan da suna da gunki mai suna Afolo, wanda suka danƙa wa sha'anin kiɗa da haske. Mabiyan masaninsu Fitagoras kuwa cewa suka yi tafiyar taurari tana bin ma'auni irin na kiɗa. A kan wannan tubali ne marubutan ƙagaggun labarai ke ƙera gumakansu na kiɗa da taurari, har wasu daga cikinmu ɗalibai suka fara laluben irinsu a tarihin Bahaushe. Manufata a wannan 'yar maƙala ita ce in nuna cewa Bahaushe bai yi irin wannan gunki ba. Abin da ya haɗa masa kiɗa da taurari shi ne noma, kuma ƙasarmu ta Kura da Bunkure ta ishe mu misali.

Iskoki da Kiɗansu

Littafin Tarihin Kano, wanda Palmer ya juya zuwa Turanci a 1908, ya kawo labarin Barbushe da tsafin Tsumburbura a Dala. Bai ce Tsumburbura ta mallaki taurari ba, bai kuma ce ita ta ƙago kiɗa ba. Bayan zuwan Wangarawa a zamanin Sarki Yaji (1349 zuwa 1385), Musulunci ya yi ta kafuwa a birni, tsohon addini ya ja da baya zuwa wajen Maguzawa da 'yan bori.

Joseph Greenberg ya zauna da Maguzawan ƙasar Kano, ya fitar da littafinsa a 1946. Ya tarar sun yarda Allah ne mahalicci, amma iskoki suke yi wa yanka. Kowane iska da aikinsa: Uwar Gona tana wajen amfanin gona, Gajimare yana tare da bakan gizo. A fagen bori kuwa kowane iska da takensa. Sai mai garaya ko mai goge ya kaɗa taken Sarkin Rafi ko na Ɗan Galadima kafin a ce ya hau dokinsa. Ashe ke nan kiɗa na makaɗi ne, ɗan Adam, wanda ya gaji sana'ar a gidansu; iska kiransa ake yi da shi.

Taurarin Manomi

Taurari kuma ta hanya biyu Bahaushe ya san su. Ta farko ita ce ta ido da baki: Zara matar wata, da Gamzaki mai fitowa da asuba, da Kaza da 'Ya'yanta. Ta biyu ita ce lissafin malamai da ya zo cikin littattafan Larabci. Taurari 28 ne, kowanne kwana 13, in ban da Jabaha mai kwana 14, jimla kwana 365. An kasa su bakwai-bakwai ga bazara da damina da kaka da ɗari. Na damina su ne Haƙa'a, Hana'a, Zira'a, Nasara, Ɗarfa, Jabaha da Harsan.

Mai karatu zai lura da amfanin wannan lissafi. Watannin Musulunci suna zagayawa, yau azumi cikin damina, bayan wasu shekaru cikin ɗari, don haka manomi ba ya iya auna shuka da su. Taurari kuwa suna tafiya da shekarar rana. Kakana bai taɓa riƙe kalanda ba, amma in an yi ruwan farko sai ya tambayi limamin unguwa tauraron da ake ciki kafin ya taɓa irinsa. Wannan ƙidaya ce, ba duba ba.

In shuka ta tashi, sai a kira gayya. A nan ne mai gangar noma ke shigowa, ya bi bayan samari yana zuga su, garma na sauka tare da bugun ganga. Tauraro ya faɗi lokaci, ruwa ya sauka, ganga ta tara hannaye. Daidaiton da ake nema a sama, a kunya ɗaya ya taru.

Zuwan Ruwan Tiga

Gwamnatin Audu Baƙo ta gina madatsar Tiga daga 1971 zuwa 1974, aka fara gwajin noman rani a Kadawa, aka kuma kafa Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are a 1976. Ruwa ya bi magudanai ya shiga gonakin Kura da Bunkure da Garun Malam. Alkama da tumatir da albasa da shinkafa suka samu wuri, mutanen da ke tafiya cin rani suka sami abin yi a gida. Wannan alheri ne da ba mai musunsa.

Sai dai lissafi ya canza. Manomin rani ba ya tambayar tauraro, ranar da za a buɗe ruwa yake tambaya. Aikin ƙodago da tarakta suka rage gayya, ganga kuwa ba ta bin wanda aka biya kuɗin yini. Cikin samarin garinmu da na tambaya, kaɗan ne suka iya jero taurarin damina, alhali gonar gero da dawa tana nan tana jiran ruwan sama kamar da.

Kammalawa

Saboda haka ina kira ga 'yan'uwana ɗaliban Hausa da mu bar neman Afolo a gindin Dala. Tsofaffin da suka haddace taurari 28 da makaɗan da suka san taken kowane sarkin noma suna raguwa kullum. Wanda zai je hutu Kura ko Bunkure, ya tafi da littafi da alƙalami da na'urar ɗaukar magana, ya zauna gabansu tun suna da rai. Da tsohuwar zuma ake magani.