Murya Daga Ƙetaren Kogi: Rediyon Kaduna da Ma'aikatan Kakuri

Gabatarwa

Masu rubuta tarihin rediyo a Arewa sukan tsaya ne a ofisoshin gwamnati: wa ya sa hannu, yaushe aka buɗe, ina aka kafa na'ura. Wannan maƙala za ta tsallaka gada. Abin da take son tabbatarwa shi ne, babban gadon da ma'aikatan rediyo na farko suka bari Hausa ce wadda kowa zai iya ji, kuma inda aka fi gwada ƙwarinta shi ne kudancin Kogin Kaduna.

Daga waya zuwa iska

Rediyo ya shigo Nijeriya ne ta waya. A 1935 Turawa suka buɗe a Legas wani tsari na kai shirye-shiryen BBC gidaje: a ja maka waya, a rataya akwati a bango, ka riƙa biyan haya, ba ka da ikon sauya tasha. Tsarin ya iso Kano a 1944, inda aka kafa lasifika a wuraren taruwar jama'a. A 1951 aka kafa hukumar watsa shirye-shirye ta ƙasa, NBS, wadda ta zama NBC a 1957. A shekarar ce kuma, ranar 13 ga Maris, Aminu Abdullahi Malumfashi ya buɗe Sashen Hausa na BBC daga Landan.

Siyasa ce ta haifi gidan rediyon Kaduna. A 1953 Gwamna Macpherson ya soki jam'iyyar Awolowo ta rediyo, aka kuma hana Awolowo mayar da martani. Tsarin mulkin 1954 ya ba kowace jiha damar mallakar tasharta. Ibadan ta buɗe a 1959, Inugu a 1960, sannan a Maris 1962 gwamnatin Sardauna ta buɗe tata, BCNN, a Kaduna tare da kamfanonin Granada da EMI na Ingila. Ɗakunan shirye-shirye suna arewacin kogi, kusa da masu mulki.

Su wa ke saurare?

A daidai lokacin ne kudancin kogi ke cika da baƙi. Masaƙar KTL ta fara aiki a Kakuri a 1957, Nortex da Arewa Textiles da UNTL suka biyo baya, ga masana'antar makamai ta DICON a 1964, ga Peugeot a 1975, ga kuma mahaɗar jirgin ƙasa. Neman aiki ya tara Bajju da Atyap da Tibi da Idoma da Igala da Nufawa da Yarabawa da Hausawa a ƙasar Gbagyi, suna haya gida ɗaya, suna layin famfo ɗaya.

Sai ga rediyo mai batir ya yi araha. A teburin mai shayi a Makera, an jingina shi da gwangwanin madara, an ɗaure eriyarsa da waya. 'Yan aikin dare sun fito da burbushin auduga a ka, sun zauna suna jiran shirin Zaɓi Sonka, ko wani zai ji sunan ƙauyensu. Da yawansu Hausa ba harshen uwa ba ce gare su. Da rana sukan koye ta a bakin injin, da dare rediyo ya gyara musu.

Rayuwar mai magana

Ma'aikacin rediyo na wancan zamani tafinta ne kafin komai. Labari kan zo da Turanci, lokaci na ƙurewa, dole ya samo yadda zai ce kasafin kuɗi ko ƙuri'ar raba gardama ta hanyar da Basakkwace zai gamsu, Ba'idome kuma ya fahimta. Jar fitila na kunnuwa, magana ta zama zarar bunu. Gaskiya Ta Fi Kwabo ta soma wannan aiki a rubuce tun 1939, amma jarida sai mai karatu, rediyo kuwa har mai saƙa yana ji.

Aikin yana da haɗari. Ranar 15 ga Janairu 1966, bayan kashe Sardauna, ta gidan rediyon Kaduna Manjo Nzeogwu ya yi jawabinsa na juyin mulki. Tun daga ranar, ma'aikaci ya san makirufonsa na cikin abin da mai bindiga ke fara nema.

Marubuta wasan kwaikwayo su suka fi kusantar talaka. Yusuf Ladan ya kawo zaman gida a Zaman Duniya Iyawa Ne. Usman Baba Pategi, tsohon soja, ya ɗauko Hausar bariki, mai gauraye da Turanci da broka, ya gina Samanja Mazan Fama a kanta. Mazaunin Kakuri da ya ji Samanja, irin maganar tsakar gidansu ya ji.

Abin da za a iya cewa

Mai suka zai ce tashar bakin gwamnatin NPC ce, jam'iyyar Sardauna, kuma yaɗuwar Hausa ta danne ƙananan harsuna. Duka biyun akwai ƙamshin gaskiya, ko da yake tashar ta ware lokaci ga Fulfulde da Kanuri da Nufanci. Sai dai niyyar mai kafawa daban, abin da mai saurare ya yi da ita daban. Hausar da aka watsa don haɗa kan Jihar Arewa, da ita ma'aikata suka yi ciniki, suka yi wa'azi a coci da masallaci, suka tattauna batun albashi. Shi ya sa da aka mayar da gidan ƙarƙashin hukumar rediyon tarayya, FRCN, a 1978, jama'a suka ci gaba da kiransa Rediyon Kaduna.

Kammalawa

KTL ta rufe a 2002, rikicin addini na shekarar 2000 kuma ya sa kogin ya zama iyaka tsakanin mazauna. Duk da haka, a kasuwar Sabon Tasha da ta Kawo da harshe ɗaya ake taya kaya. Tsofaffin ma'aikatan masaƙa da suka ji waɗannan muryoyi suna nan a Kakuri da Nasarawa, suna ƙarewa ɗaya bayan ɗaya. Kafin a rasa su, ya kamata masu bincike su ɗauki rakoda su tsallaka gada, wannan karon su ne za su saurara.