Gyaran Takardun Ƙara a Rikicin Fili

Gyaran takardun ƙara izini ne da Babbar Kotu a Najeriya kan bai wa mai ƙara ko wanda ake ƙara ya sauya abin da ya rubuta tun farko. A rikicin fili wannan izini yana ceton mai gaskiya, domin kotu ba ta aiki da batun da ba a rubuta ba. A shari'ar Idundun da Okumagba ta 1976, Kotun Ƙoli ta lissafa hanyoyi 5 na tabbatar da mallakar fili, ciki har da tarihin kakanni da takardun mallaka. Wanda ya dogara da tarihin kakanni, sannan ya tsinci takardar saye a ƙasan akwatin mahaifinsa, dole ya nemi gyara. Alƙali kan amince, sai in akwai mugun nufi ko shammatar abokin shari'a.