Harafi Yana Sauya Riga, Amma Ba Ya Sauya Hali

Yau da wasa ƙwaƙwalwa za mu fara. Ku rubuta wannan: IDJJH GD VDERQ JDUL. Sunayen unguwanni biyu ne a Kano.

Dabarar da aka ɓoye su da ita ta haura shekara 2,000. Juliyas Kaisar na Rum, wanda aka kashe a shekara ta 44 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), da ita yake rubuta wasiƙun sirri. Kowane harafi sai ya matsar da shi gaba uku: A ta koma D, B ta koma E.

Wanda ya fara rubuta yadda ake warware irin wannan ƙulli shi ne Al-Kindi, malamin Bagadaza na ƙarni na 9. An gano rubutun nasa a Santambul a 1987. Abin da ya lura da shi: kowane harshe yana da harafin da ya fi yawan fitowa, ko an sauya masa kama, yawansa zai tona shi.

To mu gwada. A Hausa babu harafin da ya kai A yawa. A rubutunmu D ce ta fi yawa, sau huɗu, ke nan D ita ce A. Sai GD, kalma mai harafi biyu tsakanin sunaye biyu: "da" ce. Kun ga kowanne baya uku ya koma. Ku mayar da sauran: Fagge da Sabon Gari.

Kar ku ɗauka abin na waje ne kawai. Malamanmu na Sakkwato da Kano suna da ramzi, wato ɓoye shekarar da aka kammala waƙa ko littafi cikin haruffa, kowane harafi da lambarsa. A lissafin Magrib da suke bi, shin 1000 ce, ra 200, lam 30, ba 2. Ku haɗa: 1232, shekarar Hijira da Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya rasu, wato 1817. Amma a lissafin Gabas shin 300 ce, sai ka samu 532. Kuskuren mabuɗi ɗaya, ka zubar da shekara 700 cif!

Darasi biyu ke nan gare mu matasa. Na farko, akwai littattafan kakanni a gidajenmu, idan muka bar ajami da ramzi suka kuɓuce mana, ko shekarunsu ba za mu iya faɗa ba. Ku nemi dattijon malami a unguwa, ku zauna ku koya tun yana nan.

Na biyu, ɗan'uwa mai shago a Kantin Kwari ko kasuwar Sabon Gari, da 'yar'uwa mai POS: rubuta lambar sirrin banki a bayan littafin bashi, an ƙara wa kowace lamba ɗaya, ba tsaro ba ne. Haka sauya A da @ a kalmar sirrin Facebook. Abin da aka warware da alƙalami tun ƙarni na 9, kwamfuta kafin ƙiftawar ido ta gama da shi. Ku zaɓi doguwar kalmar sirri, kowane asusu da tasa.

Aikin gida: NDWVLQD. Wane gari ne? Sai mun ji daga gare ku.