Manzon Alƙali da Safiyo: Tarihin Yi wa Mai Awon Ƙasa Tambayoyi a Shari'un Gonaki a Ƙasar Zazzau

Gabatarwa

Manufar wannan takarda ita ce a bi diddigin wata matsala guda: idan kotu ta tura wani ya dubo gonar da ake jayayya a kanta, shin mai ƙara da wanda ake ƙara suna da ikon yi masa tambayoyi? Matsalar ta shafi wurare irin su Dutsen Abba a ƙaramar hukumar Zariya, inda gonakin gado suke komawa filayen gini, har taku goma na iyaka ya isa ya raba zumunci.

Matsayin Manzo a Fiƙihun Malikiyya

Kafin Turawa su ci Zariya a 1902, akan shaida iyakar gona da itatuwa, ko layin gamba, ko kwari. In rigima ta tashi, alƙali ko sarki yakan aika manzo ya je tare da dagaci da dattawa, su taka iyakar, ya dawo da bayani.

Littattafan da alƙalanmu suka dogara da su, watau Muhtasar na Shaihu Halilu da Tuhfatul Hukkami ta Ibn Asim, wanda ya rasu a 1426, sun wajabta i'izari. Ma'anarsa kuwa, kafin a yanke hukunci a tambayi wanda shari'a za ta faɗa wa ko yana da sauran hujja, ko suka ga shaidun da aka kawo. Amma littattafan biyu sun keɓe waɗansu mutane daga wannan suka, cikinsu har da wanda alƙali ya aika a madadinsa. Dalili shi ne, manzo idon alƙali ne. Sukarsa tamkar sukar alƙalin ce.

Zuwan Awo da Taswira

Dokar ƙasa ta 1910 ta sa filayen Arewa a hannun Gwamna. A zamanin nan ne kuma aka fara aikin malaman taki a Kano, masu auna gonaki da ƙafa. Sai dai awon nasu na haraji ne, ba na tabbatar da mallaka ba. Daga baya safiyo ya shigo da sarƙar awo da duwatsun iyaka da taswira, kuma Dokar Mallakar Ƙasa ta 1962 da Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 suka ƙara wa takardar fili daraja.

A nan ne bambanci ya bayyana. Manzon da yakan faɗi abin da ya gani da abin da dattawa suka nuna masa a bainar jama'a. Safiyo kuwa yana kawo lissafi da ra'ayin gwani, wanda manomi ba ya iya karantawa, sau da yawa ma alƙalin kansa ba ya iya tantancewa. Saboda haka tsarin shari'ar Ingila, wanda Babbar Kotu ke bi, ya ɗauke shi a matsayin shaida: yakan yi rantsuwa, a tambaye shi wa ya nuna masa iyaka, daga ina ya fara awo, ko ɓangarorin biyu suna wurin.

Matsalar Ɗaukaka Ƙara

An kafa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Musulmi a 1956, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta gaje ta a 1960. A 1968 kotunan yanki suka maye gurbin kotunan En'e, aka rufe kotunan sarakuna. Huruminta kuwa ya tsaya ga aure da gado da wasiyya da makamantansu. Jayayyar mallakar gona zalla Babbar Kotu take zuwa. Sai ya zamana shari'ar da aka fara bisa ƙa'idar da ta kare manzo daga suka, tana ƙarewa a gaban alƙalan da suka saba da yi wa kowane shaida tambayoyi.

Daɗin daɗawa, kotun ɗaukaka ƙara takarda take karantawa. Ba ta cika karɓar sabuwar shaida ba sai da dalili mai ƙarfi. In ba a tambayi mai awo a kotun farko ba, kuskurensa ya shiga kundi ke nan, ya bi gonar har jikoki.

Kammalawa

A ganina, keɓewar da malamai suka yi wa manzo ta ginu ne a kan cewa aikinsa gani ne da isar da saƙo. Da zarar ya koma mai fassara awo, illar keɓewar ta kau. Sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya tabbatar da haƙƙin a saurari kowane ɓangare, i'izari ma manufarsa ke nan. Don haka ya kamata alƙalan kotunan farko su riƙa kiran mai awo, a fassara rahotonsa da Hausa, a bar masu shari'a su tambaye shi, a kuma rubuta amsoshinsa cikin kundi. Rigakafi, in ji Hausawa, ya fi magani.