Daga Akwatin Panoram Zuwa Rumfar Masu Tura Waƙa

Sayar da kallon waƙa ɗaya-ɗaya sana'a ce da ta riga talabijin shiga gidajen jama'a, domin tun a 1940 kamfanin Mills Novelty na birnin Chikago a Amurka ya fito da Panoram, wato akwatin katako da ya ɗara mutum tsayi, wanda ake girkewa a mashaya da gidajen abinci, mai sha'awa ya jefa senti 10 ya kalli fim na kimanin minti uku. Waɗannan gajerun fina-finai na kiɗa da rawa su ake kira Soundies, kuma an shirya fiye da 1,800 kafin kasuwarsu ta mutu a 1947. Takwas ake haɗawa a zare guda mai zagayawa, saboda haka mai kuɗi ba ya da zaɓi sai wanda layi ya kawo. Hoton kuwa madubi ke cilla shi ta bayan allo, shi ya sa ake wanke fim ɗin a juye. Darajar Soundies a yau ita ce sun adana kamanni da salon mawaƙa baƙar fata irin su Duke Ellington da Fats Waller, a zamanin da Hollywood ke yi musu rowar fage. Akwatin Scopitone na Faransa, wanda ya yi tashe a shekarun 1960, ya zo da launi da damar zaɓe.

A ƙasar Hausa kallo ya biyo wata hanya dabam: majigi, wato silimar tafi-da-gidanka da Turawan mulkin mallaka ke kaiwa ƙauyuka kyauta, sannan fina-finan Indiya, sannan fim ɗin Hausa na kaset tun daga Turmin Danya a 1990. Da rawa da waƙa suka zama abin da ke sayar da fim, sai aka riƙa yanko su ana tarawa daban.

Magadan Panoram na gaskiya su ne masu tura waƙa, waɗanda a garuruwan bakin dajin Rugu irin su Batsari da Safana ke kafa tebur da kwamfuta da ƙaramin janareta ranar kasuwa, manomi ko makiyayi ya miƙa memorin wayarsa, ya faɗi mawaƙin da yake so, a zuba masa gwargwadon kuɗinsa. Ba ya buƙatar intanet, kuma wannan ba ƙaramin abu ba ne a yankin da aka katse layukan sadarwa a watan Satumba na 2021 saboda 'yan bindiga. Bambancin da ke tsakani shi ne mai senti 10 kallo ɗaya ya saya, mai memori kuwa gida yake tafiya da kayansa.